Gidan Sulemanu: Nazari a kan Makarantar Haske da Amo da Lokaci a Littafin Francis Bacon

Littafin New Atlantis ƙarami ne ƙwarai, wanda ya saba da tsohon Ingilishi zai iya sauke shi a zama ɗaya, amma da wuya a sami wani ƙagaggen labari da ya kai shi tasiri wajen kafa ƙungiyoyin masana a ƙasashen Turai. Francis Bacon ya rubuta shi a ƙarshen rayuwarsa, bai kuwa gama ba ajali ya cim masa a watan Afrilu na 1626. Limaminsa, William Rawley, shi ya fid da shi a 1627, ya liƙa shi a bayan wani babban littafi na marigayin mai suna Sylva Sylvarum, wanda ya ƙunshi gwaje-gwaje 1,000 a kan halittu. Wannan haɗi na littattafan biyu yana da muhimmanci, za a komo kansa.

Labarin kansa bai taka kara ya karya ba. Waɗansu mutane 51 sun tashi cikin jirgin ruwa daga Peru za su ƙasar Sin da Japan, iska ta ɓad da su, guzuri ya ƙare, suna bakin halaka sai suka hango wani tsibiri da babu shi a taswirar kowa, sunansa Bensalem. Aka sauke su a gidan baƙi, aka yi jiyyar marasa lafiyarsu 17, aka hana su wuce mil ɗaya da rabi daga ganuwar birni. Duk ma'aikacin da suka miƙa wa tukwici sai ya ƙi karɓa, domin hukuma tana biyansa, a ƙasar kuwa abin kunya ne mutum ya ci lada biyu a aiki ɗaya. Wanda ya san marubucin nan shi ne shugaban alƙalan Ingila da aka tuɓe a 1621 saboda karɓar kyauta daga hannun masu ƙara, zai karanta wannan wuri da murmushi, ko kuwa da tausayi.

Abin da ya raya littafin shi ne kashinsa na ƙarshe. Wani sarkin tsibirin mai suna Solamona, wanda aka ce ya yi mulki shekara 1,900 kafin zuwan baƙin, ya kafa wata makaranta ta masana, ya raɗa mata Gidan Sulemanu don girmama Annabi Sulemanu, wani lokaci kuma akan kira ta Kwalejin Ayyukan Kwana Shida, watau kwanakin da aka halicci duniya a cikinsu. Ɗaya daga cikin dattawan gidan ya shigo birni, ya keɓe da mai ba da labarin, ya bayyana masa manufar gidan, da kayan aikinsa, da muƙaman mutanensa, da ƙa'idodinsa. Daga nan har ƙarshe baki ɗaya ne ke magana, baƙon bai yi tambaya ko guda ba.

Haske ya fi kome yawo a cikin littafin. Da shi addinin Kirista ya iso tsibirin: kamar shekara 20 bayan an ɗauke Annabi Isa, mutanen wani gari mai suna Renfusa suka ga dogon ginshiƙi na haske a tsaye cikin teku da dare, jiragensu suka kasa matsawa kusa da shi, sai da wani masani na Gidan Sulemanu ya duba, ya shaida wannan mu'ujiza ce, sa'an nan jirginsa ya saku, ya tarar da akwati ɗauke da littattafai masu tsarki. Haske ne kuma hajar da tsibirin ke yi wa fatauci. Kowace shekara 12 jirage biyu kan fita a asirce da masana, su shiga ƙasashen duniya da sunan waɗansu al'ummai, su komo da littattafai da kayan aiki da labarin abin da aka gano a ko'ina. Laƙabinsu Fataken Haske. Waɗansu masana uku kuwa, masu tsara sababbin gwaje-gwaje masu zurfi, ana ce da su Fitilu.

A ɗakunan haske na gidan ana fid da launuka daga abin da ba shi da launi, ana ninka haske a kai shi nesa, ana kusanto da na nesa, ana ganin siffar ƙananan ƙudaje da tsutsotsi sarai, ana duba jini da fitsari, ana yin bakan gizo da hannu. Malaman kwalejojin horon malamai sun san yadda ɗalibi kan karɓi irin wannan wuri, nan da nan ya ce ai mutumin nan ya hango zamanin da bai zo ba. Ya kamata a rage masa wannan zumuɗi. Madubin hangen nesa yana hannun Galileo tun 1609, ya kuwa buga abin da ya gani da shi a 1610, Bacon da kansa ya ambaci madubin nan da na ƙara girman ƙananan abubuwa a littafinsa Novum Organum na 1620. Abin da ya yi a nan shi ne ya ɗauki kayan da ke hannun mutanen zamaninsa ya kai su matuƙa a takarda.

Kalmar da ya kira ɗakunan da ita, watau perspective, a lokacinsa sunan ilmin gani ne, ilmin da babban ginshiƙinsa a Turai shi ne Kitab al-Manazir na Hasan ibn al-Haisam, wanda aka rubuta a Alƙahira wajen 1011 zuwa 1021, aka juya shi cikin Latin, aka buga shi a birnin Basel a 1572. Gidan Sulemanu yana da wani dogon zaure inda aka jera mutum-mutumin masu ƙago abubuwa, na tagulla da na azurfa da na zinariya, amma sunan Columbus kaɗai aka kama a fili, saura sai a ce wanda ya ƙago gilashi, wanda ya ƙago bugun littafi. Ga wanda ya tashi a zauren da ɗalibi ba ya faɗin mas'ala sai ya faɗi malamin da ya ba shi, wannan abin dubawa ne. Fataken nan suna biyan kuɗi, an faɗi haka a littafin, amma sun zo ɗibar wuta ne a gidan maƙwabci, ba su faɗi gidan da suka fito ba, ba su kuma bar wa masu gida kome na iliminsu ba.

Ɗakunan amo su ne inda alƙalamin Bacon ya fi daɗi. Masanan suna da ƙananan gaɓoɓin sauti da ke tsakanin sautukan da kunnen Bature ya saba da su, suna mai da ƙaramin sauti babba, babba ƙarami, suna kwaikwayon kukan dabbobi da tsuntsaye da muryar mutum, suna da abin sawa a kunne don ƙara ji. Suna da amsa-kuwwa iri iri: wata ta maimaita murya sau da yawa, wata ta komo da ita da ƙarfi fiye da yadda ta tafi, wata ma ta sake haruffan kalmar da aka ba ta. Sa'an nan suna tura magana nesa ta cikin bututu. Sa'ad da gidan rediyon BBC ya buɗe ɗakin harhaɗa sauti da na'ura a 1958, Daphne Oram, ɗaya daga cikin waɗanda suka kafa shi, wannan sakin layi ta liƙa a wurin aikin, ba ta kuwa yi kuskuren zaɓi ba. Sai dai a lura, duk abin da ake yi wa sauti a ɗakunan nan sarrafawa ce, a lanƙwasa shi, a ninka shi, a kai shi inda ake so. Babu wanda aka ce ya tsaya ya auna saurin tafiyarsa, ko ya ƙirga sau nawa tsirkiya ke kaɗawa kafin ta ba da amo kaza.

A nan ne maganar lokaci ta shigo, ita ce kuwa ainihin raunin gidan. Lokaci ba shi da ɗaki nasa, yana warwatse ne cikin sauran. Akwai koguna masu zurfin gaba 600 inda ake adana jikuna kada su ruɓe, masu halwa suna zaune a waɗansunsu, suna kuwa daɗewa a duniya. Akwai wani ruwa da suke kira Ruwan Aljanna mai ƙara lafiya da tsawon rai. A gonakinsu ana sa itatuwa su yi 'ya'ya kafin lokacinsu ko bayansa, akwai abin sha da ya shekara 40. Agogo kuwa an ambace shi cikin rabin jimla, a ɗakunan injuna, tare da na'urorin da aka ce ba su tsayawa har abada. Watau a wurin Bacon lokaci abokin gāba ne da ake so a kayar, a jinkirta mutuwa, a gaggauta girbi. Wannan tsohuwar damuwarsa ce, domin a 1623 ya buga littafi guda a kan rai da mutuwa da hanyoyin tsawaita kwana, John Aubrey kuwa ya rawaito cewa sanyin da ya kashe shi ya kama shi ne sa'ad da ya sauka daga keken doki kusa da Highgate yana cusa wa kaza ƙanƙara don ya ga ko naman zai daɗe. Lokaci a matsayin mudu, abin da ake auna waɗansu abubuwa da shi, shi ne babu a gidan.

Alhali kuwa da mudun nan aka buɗe asirin haske da amo, ba a kuwa daɗe ba. A 1636 Marin Mersenne na Faransa ya buga bayanin yadda tsinin amo ke bin yawan kaɗawar tsirkiya, ya miƙa doguwar igiya wadda ke kaɗawa a hankali har ido ya iya ƙirgawa. A 1656 Christiaan Huygens ya ƙera agogo mai lilo, wanda ya fi na gabaninsa daidaito nesa ba kusa ba. A 1676 Ole Rømer, mutumin Denmark da ke aiki a Paris, ya lura cewa wani wata na tauraron Mushtari yana makara wajen fitowa daga inuwa in duniya ta yi nisa da tauraron, ya ce makarar nan lokacin da haske ke ɗauka ne a hanya. Yau an san hasken rana kan yi kamar minti 8 da sakan 20 kafin ya iso ƙasa. A farkon ƙarni na 18 wani limamin coci, William Derham, ya riƙa hawa hasumiyar cocinsa a Upminster da madubin hangen nesa da lilo mai ƙirga rabin sakan, ana harba igwa daga nesa, ya ga walƙiyar wuta, ya ƙirga, ya ji ƙara, ya sami cewa sauti yana cin ƙafa 1,142 a sakan ɗaya. Ga haske, ga amo, ga lokaci, sun haɗu a aiki ɗaya, a hannun mutum ɗaya, ba kogo ba hasumiya mai tsawon rabin mil.

Zai zama zalunci a ce Bacon bai san wannan hanya ba, a nan ne amfanin haɗin da Rawley ya yi ya bayyana. A cikin Sylva Sylvarum, watau a kundi ɗaya da labarin tsibirin, Bacon ya ba da shawarar a sa mutum a kan hasumiyar coci da kyandir a lulluɓe, wani kuma ya tsaya a fili da nisan mil ɗaya. Na sama ya buga ƙararrawa ya yaye lulluɓin a tare, na ƙasa ya ƙirga bugun jijiyar hannunsa tsakanin ganin haske da jin amo. Gwajin Derham ke nan, sai dai bugun zuciya ya tsaya a madadin agogo. A Novum Organum ma ya taɓa tambayar kansa ko hasken taurari yana ɗaukar lokaci kafin ya iso ido, ko da yake daga baya ya yar da tunanin. Ashe mai bincike ya san abin da mai ba da labari ya bari a waje. Me ya sa ya bar shi?

Amsar tana cikin salon rubutun. Kusan kowane sakin layi na jawabin dattijon yana buɗewa da faɗin cewa suna da kaza, suna kuma da kaza, kamar dillali yana baje haja. Babu aiki ko ɗaya da aka nuna yana tsaka da yinsa, babu gwajin da ya ƙi, babu masana biyu da suka saɓa. Masana 36 aka lissafta bisa muƙamai 9, kowane rukuni yana miƙa wa na gaba kamar ma'aikatan ofis, almajirai da 'yan koyo kuwa jimla ɗaya suka samu, abin da ya kamata ya dami duk wanda sana'arsa koyarwa ce. Ɗakin lissafi ma jimla ɗaya ce tak, alhali an ɓata kusan shafi wajen siffanta tufafin dattijon, da safar hannunsa mai duwatsu, da takalminsa na karan-miski, da samari 50 masu fararen riguna da ke gabansa. Wannan rubutun mai neman yardar sarki ne. Tun 1594 Bacon yake ba masu mulki shawarar su kafa ɗakin littattafai da lambu da ɗakin gwaji, bai samu ba a hannun Sarauniya Elizabeth, bai samu ba a hannun Sarki James. Wanda ke roƙon sarki ya ba da dukiya yakan nuna masa amfanin gona, ba ya nuna masa shekarun fari. Roƙon ya ci, ko da yake bayan ran mai shi: an kafa ƙungiyar masana ta Landan da ake kira Royal Society a 1660, hoton Bacon yana farkon tarihinta da Thomas Sprat ya buga a 1667.

Shekarun farin nan da Bacon ya ɓoye, Jonathan Swift ne ya tono su. A kashi na uku na Gulliver's Travels, na 1726, akwai wata makarantar ƙage a birnin Lagado mai ɗakuna wajen 500, wadda kowa ya karanta zai ga Gidan Sulemanu ne aka juya bai. Masanin farko da aka gani a can ya shekara 8 yana ƙoƙarin tatso hasken rana daga kokwamba don ya ɗura a kwalabe, gashinsa da gemunsa sun babbake, yana sa ran nan da wata shekara 8 zai haskaka lambun gwamna, yana kuma bara domin kokwamba ta yi tsada. Wani yana so ya ɗora agogon inuwa a kan zakaran ƙarfen da iska ke juyawa bisa soron majalisar gari. Wani makaho yana koya wa almajiransa makafi haɗa launuka da taɓawa da sansana. Gonakin ƙasar sun mutu, gidaje sun zube, kowa yana jiran ranar da binciken zai nuna. Tsawon ran da Bacon ke marmari ma bai tsira ba, domin a kashin nan ne aka nuna mutanen Luggnagg waɗanda ba su mutuwa, suna tsufa kawai, doka tana ɗaukarsu matattu da sun kai shekara 80, harshen ƙasa yana sakewa har su kasa magana da maƙwabtansu. A 1937 Marjorie Nicolson da Nora Mohler suka nuna cewa da yawa daga cikin shirmen Lagado Swift ya tsinto su ne daga mujallar Royal Society, ya ɗan karkata su.

A wajen fasahar labari Swift ya fi, babu gardama, domin masanansa suna da fuska, suna da wari, suna jin yunwa, na Bacon kuwa riguna ne da muƙamai. Amma ba'arsa tana da nata makanta. Swift bai iya bambanta jiran da ke da ƙarshe da wanda ba shi da shi ba, duk wanda ya shekara 8 a kan abu ɗaya mahaukaci ne a wurinsa. A 1779 Jan Ingenhousz ya nuna cewa koren ganye ba ya gyara iska sai cikin hasken rana, daga nan aka bi har aka gane cewa tsiro da hasken rana yake haɗa abincinsa. Watau akwai rana a cikin kokwamba, mai babbakakken gemun nan hanya ya ɓata.

Saura magana ɗaya, wadda ta fi sauran nauyi. Masanan Gidan Sulemanu sukan yi shawara a kan abin da za a bayyana da wanda za a ɓoye, dukansu sun yi rantsuwar rufe asiri, waɗansu abubuwan akan gaya wa hukuma, waɗansu ko ita ba a gaya mata. Gidan yana da ɗakunan ruɗin ido inda ake yin siffofin ƙarya, ko da yake an hana mutanensa yaudarar jama'a da su, wanda ya yi a ci shi tara a kunyata shi. Waɗansu masu nazari na baya sun lura cewa gidan da ya iya ƙera kowane irin haske shi ne kuma ya shaida ginshiƙin Renfusa mu'ujiza ne, babu kuwa wani a tsibirin da ke da ilimin da zai duba shaidarsa. Bacon bai nuna yana zargin masanansa ba, ya ɗauka nagartarsu ta isa tsaro.

Tarihin saurin sauti ya nuna ba ta isa ba. A 1687 Isaac Newton ya lissafta saurin sauti daga ƙa'idodinsa, ya sami abin da bai kai ƙafa 1,000 a sakan ba. Da awon Derham ya fito ya saɓa masa, sai a bugu na biyu na littafinsa, na 1713, ya ƙara waɗansu dalilai game da kaurin ƙwayoyin iska da tururin da ke cikinta, waɗanda babu gwajin da ya tabbatar da su, har lissafin ya hau daidai kan 1,142. Shi ne shugaban Royal Society a lokacin, babu masanin da ya kai shi girma a Ingila, da a Bensalem yake da mutum-mutuminsa na zinariya ne. Dokar gidan ta hana ruɗin ido, ba ta ce kome ba a kan masanin da ya matsa wa lissafinsa don ya dace da abin da yake so. Abin da ya warware matsalar shi ne lissafin yana a buge, kowa na iya saye ya bi shi layi layi, masana suka yi ta binsa suna ganin giɓin har fiye da shekara 100. A 1816 Laplace na Faransa, wanda aka haifa shekara 22 bayan mutuwar Newton, ya nuna cewa iska tana ɗumama sa'ad da sauti ya matse ta, zafin nan yana ƙara mata ƙarfin turawa, shi ne abin da lissafin 1687 ya bari a waje.